Lord Salisbury, Mai Alƙalamin Da Ya Tsaga Ƙasar Da Bai Taɓa Gani Ba

A wannan fitowa ina so in kawo muku tarihin wani basaraken Ingila wanda sunan Lugga ya danne nasa a wurinmu, alhali kuwa a ƙarƙashin gwamnatinsa aka turo Lugga ƙasar nan. Wannan mutum shi ne Lord Salisbury.

Sunansa na yanka Robert Cecil. An haife shi ran 3 ga Fabrairu, 1830, a gidan kakanninsa na Hatfield, arewa da Landan. Gidansu tsohon gidan mulki ne, don kuwa kakansa na can nesa, William Cecil, shi ne babban mashawarcin Sarauniya Elizabeth ta Farko. Amma duk da wannan gata bai ji daɗin makarantar kwana ba. A Eton yara sun matsa masa da cin zali har aka cire shi yana da shekara 15. Mu da muka yi zaman ɗakin kwana mun san yadda irin wannan ke zama a ran yaro. Masu nazarin rayuwarsa da yawa suna ganin daga nan ya samo tsoron taron jama'a da rashin yarda da hukuncin masu rinjaye.

Bayan Jami'ar Oxford da wata doguwar tafiya ta neman lafiya zuwa Afirka ta Kudu da Ostareliya da New Zealand, sai ya shiga Majalisar Wakilai a 1853, yana wakiltar Stamford a jam'iyyar Conservative ta masu ra'ayin riƙau. A 1857 ya auri Georgina Alderson ba da son mahaifinsa ba, saboda haka aljihunsa ya yi sanyi, ya kama rubutu a mujallu don ya riƙe iyali. Rasuwar wansa a 1865 ita ta mai da shi magajin gida.

A 1866 aka ba shi Ministan Harkokin Indiya, amma bai cika shekara ba ya ajiye aiki, saboda Disraeli ya kawo dokar ba ma'aikatan birane 'yancin jefa ƙuri'a, shi kuwa bai yarda da ita ba. Ni dai ban goyi bayan ra'ayin nan nasa ba, amma a matsayina na ma'aikacin gwamnati na san ba kowa ke iya barin kujera saboda abin da ya yi imani da shi ba. A 1868 ya gaji sarautar mahaifinsa, ya koma majalisar masu sarauta. Daga baya ya shirya da Disraeli, ya zama Ministan Harkokin Waje a 1878, suka tafi taron Balin na wannan shekara tare.

Sau uku ya riƙe muƙamin Firayim Minista: 1885 zuwa 1886, 1886 zuwa 1892, da 1895 zuwa 1902, jimla shekara 13 da ɗoriya. A mafi yawan wannan lokaci shi ne kuma ke riƙe da Ma'aikatar Harkokin Waje, domin nan zuciyarsa take. Abin mamaki, mutumin da ba ya son canji, a zamaninsa aka kafa majalisun gundumomi na zaɓe a 1888, aka kuma sauke wa iyaye kuɗin makarantar firamare a 1891.

To, ga inda labarinsa ya taɓa mu. A watan Agustan 1890 gwamnatinsa ta ƙulla yarjejeniya da Faransa, aka ja layi daga garin Sayi da ke bakin Kwara zuwa Barruwa a gaɓar Tafkin Chadi. Arewa da layin rabon Faransa, kudu kuma rabon Ingila, da sharaɗin duk ƙasar da ke ƙarƙashin Sakkwato ta faɗa wajen kamfanin Royal Niger. Sarkin Musulmi Umaru ɗan Aliyu Babba yana kan gado a lokacin, ba wanda ya nemi shawararsa. Shi kansa Salisbury ya faɗa a wani jawabi, cikin raha, cewa suna ta raba wa juna duwatsu da koguna ba tare da sun san inda suke ba. Daga wannan layi, bayan gyare-gyaren 1898 da 1904 da 1906, iyakar Nijeriya da Nijar ta fito: Kano da Katsina a gefe guda, Maraɗi da Damagaram a ɗaya gefen, dangi ɗaya, harshe ɗaya, takardun shaida biyu. Gwamnatinsa ce kuma ta karɓe mulki daga hannun kamfanin ran 1 ga Janairu, 1900, ta ɗora Lugga a kan Arewa.

Ƙarshen mulkinsa ya zo da yaƙin Afirka ta Kudu na 1899 zuwa 1902. Da tsufa da rashin lafiya suka kama shi, sai ya sauka a watan Yulin 1902, ɗan 'yar uwarsa Arthur Balfour ya gaje shi. Ya rasu a Hatfield ran 22 ga Agusta, 1903, wata biyar bayan faɗuwar Sakkwato. Birnin da aka sa wa sunansa a Rodeshiya ma ya koma Harare tun 1982.

Sunan ya goge daga taswira, amma layin yana nan daram. Da yawa daga cikinmu yau muna zaune a ofisoshi, ana kawo mana fayil a kan ƙauyukan da ba mu taɓa takawa ba: inda za a haƙa rijiya, inda hanya za ta bi, gonar da za a karɓa. Kafin mu sa hannu, ya kamata mu tashi mu je mu gani, mu kuma tambayi masu wurin, don abin da alƙalami ya rubuta cikin minti ɗaya yana iya rayuwa fiye da shekara ɗari. Allah ya sa mu fi ƙarfin alƙalumanmu, amin.