Gotama Buda: Abin da Tarihi Ya Riƙe da Abin da Almara Ta Ƙara

A shekara ta 1896 masu binciken kayan tarihi suka tono wani ginshiƙin dutse a Lumbini, can kudancin ƙasar Nepal, dab da iyakar Indiya. Rubutun da ke jikinsa ya nuna cewa Sarki Asoka, wanda ya mallaki mafi yawan ƙasar Indiya, ya zo wurin da ƙafarsa wajen shekara ta 249 kafin haihuwar Almasihu, ya yi ban girma domin a nan aka haifi Buda, sa'an nan ya sassauta wa mutanen ƙauyen haraji. Wannan dutse yana cikin shaidu mafi tsufa da ke hannunmu game da mutumin da miliyoyin jama'a a Asiya suke bin koyarwarsa. Amma ko shi ma, an kafa shi ne fiye da shekara 100 bayan mutuwar mai sunan. Saboda haka duk wanda zai ba da labarin Buda, tilas ya riƙa rarrabewa tsakanin abin da tarihi ya riƙe da abin da ƙaunar mabiya ta ƙara, kuma abin da za mu gwada yi ke nan a wannan fitowa.

Buda laƙabi ne, ma'anarsa wanda ya farka. Sunan zuriyarsa Gotama, kabilarsa kuwa Sakiya, masu zama a gindin duwatsun Himalaya, babban garinsu Kapilawastu. Sunan yanka da aka fi saninsa da shi, wato Siddata, a littattafan baya ne ya fi bayyana. A kan shekarun rayuwarsa ma ba a yi ittifaƙi ba. Mabiyansa na Siri Lanka da Tailan suna ƙirga mutuwarsa a wajen shekara ta 544 kafin Almasihu. Masanan Turai sun daɗe suna cewa 483. Daga baya da yawansu suka gangaro da ita zuwa wajen 400. Abin da aka yarda da shi shi ne ya yi shekara 80 a duniya, ya kuma yi yawon koyarwa a kwarin kogin Ganga a zamanin Bimbisara sarkin Magada da Fasenadi sarkin Kosala.

Dalilin wannan ruɗani ba boyayye ba ne. Buda bai rubuta kome ba, almajiransa na fari ma haka. Da ka aka riƙe maganarsa, ana bitarta cikin taro, tsara bayan tsara, har zuwa ƙarni na ɗaya kafin Almasihu, lokacin da aka rubuta ta a kan ganyen giginya a tsibirin Siri Lanka da harshen Fali. Waɗannan tsofaffin nassoshi kuwa koyarwarsa ce ta dame su, labarin rayuwarsa sai gutsattsari nan da can. Cikakken labari daga haihuwa zuwa mutuwa ya zo ne bayan ƙarnuka, a littattafai irin su Budakarita na mawaƙi Aswagosa, wajen ƙarni na biyu bayan Almasihu, da Lalitawistara. Mu da muka tashi muna jin labarin kakanni a bakin tsofaffi mun san yadda jarumi yake ƙara tsawo duk lokacin da aka sake ba da labarinsa.

Ga yadda almara ta tsara farkonsa. Mahaifiyarsa, Maya, ta yi mafarki farar giwa ta shiga cikinta ta gefen dama. Da lokaci ya yi, tana kan hanya zuwa gidan iyayenta, ta haihu a tsaye a lambun Lumbini tana riƙe da reshen itace, jaririn ya fito ta gefenta, nan take ya yi taku bakwai. Ta rasu bayan kwana bakwai, ƙanwarta Mahafajafati ta goye shi. Masu duba suka gaya wa mahaifinsa, Suddodana, cewa yaron zai zama ko dai sarkin duniya ko kuwa mai gudun duniya. Uban ya zaɓi sarauta, ya killace ɗansa a fadoji uku, ya hana ya ga tsoho ko majiyyaci ko gawa. Ya yi masa aure, aka haifa masa ɗa, Rahula. Sai wata rana saurayin ya fita kilisa da direban keken dokinsa, ya ga tsoho tukuf. Wata fita ya ga mara lafiya. Wata kuma ya ga ana ɗauke da gawa. A ta huɗu ya ga wani mai zuhudu, fuskarsa a natse. A daren da ya yanke shawara, ya leƙa matarsa da ɗansa suna barci, ya hau dokinsa Kantaka ya sulale, alloli suna tallabe da kofatan dokin don kada a ji motsi.

Labari ne mai daɗi, shi ya sa ya zagaye duniya. Amma tsofaffin nassoshi sun faɗi abin a taƙaice, kuma a ganinmu nasu ya fi taɓa zuciya. A cikinsu Gotama ya bar gida yana saurayi mai baƙin gashi, ya aske kansa da gemunsa, ya sa tufafin masu bara, iyayensa suna kallo suna kuka. Babu doki, babu dare. Fita huɗun nan ma suna cikin tsohon nassi, sai dai a kan wani Buda na dā can mai suna Wifasi aka ba da su, daga baya aka jingina su ga Gotama. Mahaifinsa kuma, bisa abin da aka sani na mutanen Sakiya, majalisar dattawa ce take mulkinsu, don haka ya fi kama da babba a cikin manyan gari fiye da sarki mai fadoji. Abin da ya rage bayan an tace shi ne ɗan gidan wadata, mai shekara 29, wanda tsufa da ciwo da mutuwa suka hana shi sakat, har ya bar kome ya tafi neman amsa.

Ya fara zama wurin malamai biyu, Alara Kalama da Uddaka Ramafuta, ya ƙware a hanyarsu ta natsuwar zuciya, bai gamsu ba. Daga nan ya shiga azabtar da jiki tare da abokai biyar, yana rage abinci har ƙashin bayansa ya kusa haɗuwa da fatar cikinsa. Bayan wajen shekara shida ya gane yunwa ba ta kai shi ko'ina ba, ya karɓi abinci, abokan suka ɗauka ya karaya suka watse suka bar shi. A bakin kogin Neranjara, wurin da ake kira Bod Gaya a jihar Bihar ta yau, ya zauna a gindin wata bishiya dangin ceɗiya da ɓaure, a nan ne ya sami abin da ya kira farkawa, yana da shekara 35. Almara ta cika wannan dare da rundunar Mara mai jarraba da 'ya'yansa mata, da Gotama yana taɓa ƙasa ta yi masa shaida. Tarihi ba shi da hanyar leƙa abin da ya faru a zuciyar mutum; abin da yake iya gani shi ne abin da ya biyo baya.

Ya taka har Sarnat, kusa da Banaras, ya sami abokan nan biyar, ya yi musu wa'azinsa na fari. Ya koyar cewa rayuwa tana tattare da wahala, tushen wahala kuwa ƙishirwar zuciya ce, ana iya kashe wannan ƙishirwa, kuma akwai hanya mai rassa takwas da take bi tsakanin holewa da azabtar da kai. Ƙarshen hanyar shi ne nibbana, kalmar da asalinta mutuwar wuta ce idan makamashi ya ƙare. Bai kafa koyarwarsa a kan Allah Mahalicci ba, nan ne kuwa babban bambancinta da bangaskiyarmu, ko da yake Majalisar Batikan ta Biyu a 1965 ta ambaci addinin Buda da ladabi, ta yaba yadda ya gane cewa duniyar nan mai sākewa ba ta isar ɗan Adam. Shekara 45 ya yi yana yawo a ƙafa, yana bara da ƙoƙo da safe, yana zama wuri guda da damina. Ya karɓi mutane ba tare da duban asali ba, a ƙasar da asali yake raba jama'a hawa-hawa: Ufali wanzami ya zama babba a cikin almajiransa. Mahafajafati da ta goye shi ita ce ta fara shiga rukunin mata masu zuhudu, bayan ya yi ta jan ƙafa. Ɗan'uwansa Dewadata ya nemi raba kan jama'arsa.

Labarin mutuwarsa shi ne mafi tsawo a tsofaffin nassoshi, kuma kamannin mutum sun fito a ciki sarai. Tsoho ne mai gajiya, yana kwatanta jikinsa da tsohuwar amalanke da aka ɗaɗɗaure da igiya. Ya ci abinci a gidan wani maƙeri, Cunda, ciwon ciki mai tsanani ya kama shi, ya daure har Kusinara, ya kwanta tsakanin itatuwa biyu. Ya aika a kwantar wa maƙerin da hankali kada ya zargi kansa. Ananda, mai yi masa hidima, ya koma gefe yana kuka. Bai naɗa magaji ba, ya bar musu koyarwa da ƙa'ida su zama jagora. Aka ƙone gawar, aka raba abin da ya saura kashi takwas. Ƙarnuka suka wuce masu sassaƙa ba su zana surarsa ba, sai sawun ƙafa ko kujera ba kowa a kai ko bishiya; siffar da muka saba gani ta fito ne wajen ƙarni na ɗaya bayan Almasihu a Gandara da Matura.

Almarar ba ta tsaya a Asiya ba, har gidanmu ta shigo. A tsohon kundin waliyyai na Roma, ranar 27 ga Nuwamba, akwai sunayen Barlam da Yosafat na Indiya: ɗan sarki da ubansa ya killace don kada ya ga wahala, ya fita ya ga makaho da kuturu da tsoho, wani mai zuhudu ya tubar da shi. Mai karatu ya riga ya gane labarin. Kalmar bodisatwa, wato wanda yake kan hanyar zama Buda, ta shiga Larabci a matsayin Budasaf. Duk wanda ya san ajami ya san ɗigo ɗaya ne ya raba ba da ya, sai Budasaf ya koma Yudasaf. Kiristocin Jojiya suka mayar da labarin na Kirista, aka juya shi zuwa Helenanci a Dutsen Atos wajen farkon ƙarni na 11, daga nan zuwa Latin, Turai duka ta ɗauka. Diyogo do Kuto, marubucin tarihi ɗan Fotugal da ya zauna a Gowa, ya lura da kamannin tun farkon ƙarni na 17, masana kuma suka tabbatar da asalin a 1859 da 1860. Sai dai a kula kada a gauraya wannan da Waliyyi Yosafat da muke tunawa da shi ranar 12 ga Nuwamba. Shi bishop ne na Folotsk a gabashin Turai, wanda aka kashe a garin Bitebsk a shekara ta 1623, kuma tarihinsa a rubuce yake tun zamaninsa.