Marigayi Alhaji Isa Kaita, Wazirin Katsina: Malamin Makaranta Da Ya Zama Ministan Ilmi

Jama'a, a wannan fitowa za mu tuna da ɗaya daga cikin dattawan Arewa, wato marigayi Alhaji Isa Kaita, Allah Ya ji ƙansa.

An haife shi a Katsina a 1912. Mahaifinsa shi ne Waziri Haruna, ka ga ke nan ɗan babban gida ne. A zamanin nan mutane da yawa gudun boko suke yi, har ana ɓoye yara kada a kai su makaranta. Shi kuwa aka sa shi, ya yi ta karatu har ya shiga Kwalejin Katsina, inda Sardauna da Tafawa Ɓalewa su ma suka yi nasu. Da ya gama a 1932 sai ya kama koyarwa a Midil ta Katsina, ya yi wajen shekara tara yana riƙe da alli.

Shi ma ya ɗanɗana zaman baƙunta kamar mu. A 1941, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu, ya tafi Ankara ta ƙasar Gana ta yanzu, ya yi aiki a gidan rediyo yana watsa labaran yaƙi. Da ya komo gida ya yi aiki da Sarkin Katsina Usman Nagogo, daga baya ya tafi Ingila ya ƙaro ilmin sha'anin mulki.

Da siyasa ta kankama ya shiga jam'iyyar NPC, ya zama ɗan Majalisar Jihar Arewa a Kaduna. A 1954 aka ba shi Ministan Ayyuka, a 1957 kuma Ministan Ilmi, ya riƙe har juyin mulkin 1966. A lokacinsa ne aka buɗe Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya a 1962. Zamanin Shehu Shagari ya shugabanci Hukumar Ɗa'ar Ma'aikata. Ya rasu a 1994, kuma an sa wa Kwalejin Ilmi ta Dutsin-ma sunansa.

To, 'yan'uwa, mu duba kanmu. Mutumin nan gidan sarauta ya fito, amma bai dogara da gado ba, ilmi ne ya kai shi inda ya kai. Mu nan fa? Mun iya cinikin goro da shanu da canji, amma in takarda ta zo daga ƙaramar hukuma sai mun nemo wani ya karanta mana. 'Ya'yan masu masaukinmu suna aji, namu suna tasha da farantin talla. Gobe in rikicin kasuwa ko na fili ya taso, wa zai tsaya mana a kotu?

Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Mu sa yaranmu boko da safe, Islamiyya da yamma, maza da mata. Allah Ya sa Aljanna ce makomar Waziri, mu kuma Ya ba mu ikon gyarawa, amin.