Marigayi Adamu Halilu da Fim Ɗin Shehu Umar

Tun a aji biyu muka karanta Shehu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, amma sai bara na ji an taɓa mayar da shi fim. Adamu Halilu ne ya yi aikin. An haife shi a Garkiɗa a 1936, ya koyo sana'ar fim a Landan. A 1976 ya shirya fim ɗin da Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shehu. Daga baya ya zama shugaban farko na Hukumar Fina-finai ta Nijeriya. Ya rasu a 2001, fim ɗin kuwa ya ɓace, sai da aka tsinto shi a wani tsohon ɗakin ajiya a Legas, aka gyara, aka nuna a Jamus a 2018. Na tambaya a gida Izom, ban sami wanda ya taɓa kallonsa ba.