Woody Strode: Baƙin kaboyin da fastocin fim suka danne sunansa

Kafin fina-finan Indiya su mamaye gidajen silima na Kano irin su Rex da Palace da Plaza, fina-finan kaboyi na cikin abin da samari suka fi rububin kallo. Dattijon da ya baro Kademi ko Gaya ya yi samartaka a birni a wancan zamani zai iya kawo maka sunan John Wayne. Da wuya ya kawo sunan dogon baƙin mutumin nan mai aski ƙwal da ke tsayawa a bayansa. Sunansa Woody Strode.

An haife shi a Los Angeles ranar 25 ga Yulin 1914. Da wasanni ya fara suna. A jami'ar UCLA ya buga ƙwallon Amurka tare da Jackie Robinson da Kenny Washington. A 1946 ƙungiyar Los Angeles Rams ta ɗauke shi tare da Washington, bayan gasar NFL ta shafe shekara 12 ba baƙar fata ko ɗaya a fili. Kaka ɗaya ya buga, ya wuce Kanada, daga baya ya koma kokawa.

Ƙirar jikinsa ce ta kai shi Hollywood, ita ce kuma ta ɗaure shi. Aka riƙa ba shi matsayin bawa ko mayaƙin Afirka a fina-finan daji. A Spartacus na 1960 ya fito a matsayin Draba, bawan da aka tilasta wa faɗa da Kirk Douglas, ya kayar da shi, amma ya ƙi kashe shi, ya juya mashinsa kan manyan Rumawa da ke kallo. Mintoci kaɗan ya yi a fim ɗin, duk da haka sai da aka sa shi takarar kyautar Golden Globe.

A shekarar ce darakta John Ford ya ba shi babbar damarsa a Sergeant Rutledge. Ya fito a matsayin sajan na rundunar baƙaƙen sojojin doki, wanda aka gurfanar bisa ƙazafin yi wa wata farar yarinya fyaɗe da kashe ta tare da mahaifinta. Labarin ya taɓo tarihin da Hollywood ta daɗe tana binnewa. Masana tarihi na ƙiyasta cewa kusan ɗaya cikin huɗu na makiyayan da suka kora shanu a yammacin Amurka bayan yaƙin basasa baƙar fata ne, amma wanda ya san kaboyi ta majigi kawai zai rantse dukkansu Turawa ne. Ga abin takaici: fim ɗin sunan Rutledge yake ɗauke da shi, nauyin labarin a wuyan Strode yake, amma a jerin 'yan wasa sunansa na huɗu ya zo, Jeffrey Hunter ne a sama.

Shekara biyu bayan nan Ford ya mayar da shi yaron gidan John Wayne a The Man Who Shot Liberty Valance. A ganina wannan koma-baya ne ƙarara, ko da yake Strode bai yanke zumunci da Ford ba, har jinyarsa ya yi lokacin da tsufa da ciwo suka kwantar da shi. A talabijin ya fito a shirin Rawhide. A The Professionals na 1966 shi ne gwanin baka da kibiya cikin gwanaye huɗu, tare da Burt Lancaster da Lee Marvin da Robert Ryan.

Kuɗin kirki a Italiya ya same su. A can ya fito a Black Jesus, inda ya taka rawar wani jagoran Afirka da aka gina kan rayuwar Patrice Lumumba na Kwango. Sai kuma Once Upon a Time in the West na Sergio Leone a 1968, wanda duk mai son sanin gwanintarsa ya kamata ya nemi farkonsa a waya ya kalla. 'Yan bindiga uku na jiran jirgin ƙasa a tasha. Ruwa na ɗiga a kan Strode, bai gusa ba, sai ya sa hularsa, ruwan ya taru a gefenta, ya cire ya shanye. Bai buɗe baki ba har Charles Bronson ya bindige su.

Ya rubuta tarihinsa a littafin Goal Dust a 1990. Ciwon dajin huhu ya yi ajalinsa ranar 31 ga Disambar 1994 a Glendora ta jihar Kalifoniya, yana da shekara 80. Fim ɗinsa na ƙarshe, The Quick and the Dead, na kaboyi ne, ya fito a ciki a matsayin mai ƙera akwatin gawa. An sake shi a 1995, aka sadaukar da shi gare shi. A shekarar ce kuma aka saki Toy Story, wanda kaboyin cikinsa, Woody, sunan Strode ya ci.