Prince Nico Mbarga: Mawaƙin da kamfani ya raina waƙarsa, ta zagaye Afirka

Duk wanda ya yi wayo a ƙarshen shekarun 1970, ko a Sabon Garin Kano yake ko a Legas, zai yi wuya a ce bai taɓa jin waƙar Sweet Mother ba. Har yau ana sanya ta a wuraren biki, kuma da yawa daga masu rausayawa da ita ba su san sunan wanda ya rera ta ba, balle wahalar da ya sha kafin ta fito.

An haifi Nicholas Mbarga ranar 1 ga Janairun 1950 a Abakaliki, babban birnin Jihar Ebonyi a yau. Mahaifinsa ɗan Kamaru ne mai sana'ar katako, mahaifiyarsa kuwa 'yar Najeriya ce daga yankin da yanzu yake Jihar Kuros Riba. A garin Ikom, kusa da iyakar Kamaru, ya tashi. Mahaifin ya rasu tun Nico yana yaro, aka bar uwar da ɗawainiyar 'ya'ya, tana noma tana ciyar da su. Wannan ita ce matar da ya yi wa waƙar daga baya.

Da yaƙin basasa ya ɓarke a 1967, Nico ya tsallaka zuwa Mamfe a Kamaru. A can ya raɓu da wata ƙungiyar makaɗa masu kiɗa irin na Kwango a otal, yana ɗaukar musu kaya. Da haka ya koyi ganga, ya kuma koyi yadda 'yan Kwango ke tsinkar jita da yatsu a hankali. Bayan yaƙin ya dawo gida ya zauna a Onica, birnin kasuwa, ya kafa ƙungiyarsa mai suna Rocafil Jazz.

A 1973 kamfanin EMI ya buga masa faifai, wanda ya ɗan samu karɓuwa a gabashin ƙasar. Amma da ya kai musu Sweet Mother a shekarar da ta biyo, sai suka ƙi ta, a ganinsu waƙar yara ce da ba za ta yi kasuwa ba. Wani ɗan kasuwar faifai na Onica, Romanus Okonkwo, mai ƙaramin kamfanin Rogers All Stars, shi ya ji ta ya yarda ya zuba kuɗinsa. Aka ɗauke ta a Legas, ta fito a 1976.

Abin da manyan kamfanin suka kira yarinta shi ne ƙarfin waƙar. Ba ta da habaici, ba ta da zambo, ba ta yabon mai kuɗi ko mai sarauta. Ɗa ne kawai yake lissafa abin da uwa ta yi masa: rashin barcinta, da haƙurinta da yunwa har sai ya ƙoshi, da kukanta idan ba shi da lafiya. Kiɗan ma a sanyaye yake tafiya, jita biyu suna amsa wa juna ba hayaniya. Sannan ya rera ta da Turancin buroka, harshen tasha da bariki da kasuwa, wanda bai zama mallakar kowace ƙabila ba. A ƙasar da shekara 6 kacal ke nan da fitowarta daga yaƙi, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Da ya yi ta da harshen Ibo ko na garinsu, da ƙila ba ta wuce Kogin Binuwai ba. Bahaushe kuwa, wanda tun yana ƙarami ake karantar da shi girman haƙƙin uwa, bai buƙaci tafinta ba.

Adadin da aka fi ambata shi ne kwafi miliyan 13, abin da ya sanya ta cikin faifan da suka fi kowane ciniki a tarihin Afirka. Ta shiga Ghana, da Kamaru, da Saliyo, har gabashin nahiyar. Sai dai ciniki daban, riba daban. Lokacin ya yi daidai da yaɗuwar kaset, kuma duk mai rikoda biyu yana iya kwafa ya sayar. Masu satar fasaha sun kwashi kaso mai tsoka, matsalar da masu fim da mawaƙan Kano suka zo suka tarar shekaru da dama bayan haka. Duk da haka Nico ya samu rufin asiri: ya gina otal a Ikom ya sa masa sunan waƙar, ya kuma kula da mahaifiyarsa.

Kuɗin ne kuma ya raba shi da yaransa. Bayan sun je Ingila sun yi wasa a 1979, saɓani kan rabo ya wargaza ƙungiyar. Ya sake haɗa wata, ya ci gaba da fitar da faifai, wasu ma sun yi kyau, amma babu wanda ya kama ƙafar na farkon. A ƙarshe harkar otal ta fi ɗauke masa hankali.

A watan Yunin 1997, yana shirin tafiya Amurka don yin wasa, mota ta buge shi a kan ɗan acaɓa a Kalaba. Ya yi jinya a asibiti, ya rasu a cikin watan yana da shekara 47. Mahaifiyar tasa tana raye a lokacin, ba ta kuma daɗe ba ta bi shi.

A 2004 tashar BBC ta nemi masu sauraronta su zaɓi waƙar da suka fi so a Afirka, Sweet Mother ta zo ta ɗaya, shekara 30 bayan EMI ya mayar wa mai ita da kayansa.