Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa, Marubucin Shaihu Umar

A wannan fitowa ta jaridar bangonmu, filin tarihin magabata ya sauka ne a kan mutumin da hotonsa yake jikin takardar naira biyar, wato marigayi Alhaji Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa. Kowa a cikinmu ya san shi ne Firayim Ministan Nijeriya na farko, domin tambaya ce da take yawan fitowa a jarrabawa. Amma tun kafin ya shiga siyasa, malamin makaranta ne kuma marubuci. Yana saurayi ya rubuta wani ɗan ƙaramin littafi mai suna Shaihu Umar, wanda daga baya aka mai da shi wasan kwaikwayo, aka kuma mai da shi fim. Littafin yana nuna abin da hari da yaƙi suke yi wa yaro ƙarami da mahaifiyarsa. Tarihin wannan bawan Allah da na littafinsa za mu kawo muku a yau.

Haihuwarsa da karatunsa

An haifi Abubakar a watan Disamba na shekarar 1912 a garin Tafawa Ɓalewa da ke ƙasar Bauci. Sunan garin ne ya bi shi, kamar yadda aka saba kiran 'yan makaranta da sunan garuruwansu a wancan zamani. Sunan mahaifinsa Yakubu Ɗan Zala, mahaifiyarsa kuwa Fatima Inna. Shi ba ɗan sarki ba ne, mahaifinsa yana aiki ne a ƙarƙashin hakimin Lere.

Ya fara da makarantar allo kamar yadda mu ma muka fara. Daga nan aka sa shi elementare a garinsu, sannan ya wuce makarantar lardi da ke Bauci. A 1928 ya sami shiga Kwalejin Katsina, wadda ita ce babbar makarantar boko ta Arewa a lokacin, kuma ita ce ta zama Kwalejin Barewa ta Zariya daga baya. A can ya tarar da Ahmadu Bello, wanda ya zama Sardaunan Sakkwato, yana gaba da shi a aji. Ya gama a 1933, ya koma Bauci ya kama koyarwa a makarantar midil.

Gasar da ta haifi littafin

A shekarar da ya gama kwaleji, Hukumar Fassara da ke Zariya, a ƙarƙashin wani Bature mai suna Dokta Rupert East, ta shirya gasar rubuta ƙagaggun labarai da Hausa. Kafin lokacin Hausawa suna da tatsuniyoyi da labaran baka da rubutattun waƙoƙi na ajami, amma yaran da suka iya karatun boko ba su da dogayen labaran da za su karanta da harshensu. Littattafai biyar ne suka fito daga wannan yunƙuri: Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, Ganɗoki na Malam Bello Kagara, Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, Jiki Magayi na John Tafida da shi East ɗin, sai Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa. Lokacin da ya rubuta nasa, shekararsa ashirin da 'yan kai. Wato bai fi wasu yayyenmu da ke jami'a yanzu ba.

Abin da labarin ya ƙunsa

Shaihu Umar babban malami ne da ke zaune a Rauta, kusa da Bauci. Wata rana almajiransa suka tambaye shi asalinsa, shi ne ya ba su labari. An haife shi a Kagara, mahaifinsa ya rasu tun kafin a haife shi. Mahaifiyarsa ta auri wani bafade mai suna Makau. Sarki ya tura fadawa harin kamo bayi, da suka dawo sai mahassada suka kai ƙarar Makau cewa ya ɓoye wasu daga cikin bayin, aka kore shi daga gari. Kafin uwar ta bi mijinta, sai ta tafi yi wa iyayenta sallama, ta bar Umar a hannun wata ƙawarta. A nan wani mutum ya sace shi.

Ɓarawon bai ci ribar satarsa ba, domin kura ce ta cinye shi a daji. Wasu mutanen kirki suka tsinci yaron suka riƙe shi, amma ba a daɗe ba mahara suka sake faɗa wa wurin, aka kama shi. Haka aka yi ta yawo da shi har aka kawo shi nan Kano. Wani Balarabe mai suna Abdulkarim ya ɗauke shi ya ƙetare Sahara da shi, ya riƙe shi kamar ɗansa, ya sa shi karatu har ya zama malami.

Wurin da ya fi taɓa mana zuciya shi ne labarin uwar. Ba ta zauna ta rungume hannu ba, ta fita neman ɗanta gari gari. A cikin neman ne ita ma aka yaudare ta aka mai da ta baiwa, aka kai ta har Tarabulus, ta sha wuya matuƙa. Bayan shekaru masu yawa Allah ya haɗa su a can, amma wahala ta riga ta ci jikinta, suna haɗuwa ba da jimawa ba ta rasu. A kan hanyar dawowa kuma guguwar rairayi ta binne ayarinsu, Umar ya tsira da kyar, ya dawo ƙasar Hausa ya zauna yana karantarwa.

Idan muka aza wannan littafi kusa da Ganɗoki, za mu ga bambanci. A Ganɗoki jarumi ne yake ba da labarin yadda ya gwabza da Turawa lokacin da suka zo cin ƙasar nan, da yadda ya yi yaƙi har da aljanu. Mai karatu yana jin kirari da ƙarar takobi, jininsa yana tafasa. Shi kuwa Malam Abubakar sai ya tsaya a gefen waɗanda ake kai wa harin. Ya nuna mana gidan da aka watsa, da yaron da bai san laifin da ya yi ba, da uwar da ta ƙare rayuwarta a kan hanya. Dukansu biyu littattafai ne masu daraja, amma na biyun ya fi sa mutum ya yi shiru ya yi tunani. Mu da muke Kano kuma labarin bai yi mana nisa ba, domin a da fatake daga Arewacin Afirka suna zuwa Kasuwar Kurmi, kuma ban da fatu da tufafi, har da mutane ake sayarwa a lokacin.

Daga aji zuwa shugabancin ƙasa

Malam Abubakar ya ci gaba da koyarwa har ya zama shugaban makaranta. A 1945 aka tura shi ƙaro ilmin koyarwa a Jami'ar Landan. Da ya dawo a 1946 ya shiga Majalisar Dokokin Arewa, a 1947 kuma ya shiga majalisar ƙasa da ke Ikko. A 1950 ya gabatar da ƙuduri a majalisar Arewa yana neman a gyara yadda hukumomin En'e suke mulkin talakawa. A wancan zamani ba kowa ne yake da ƙarfin halin faɗin haka ba, ballantana ɗan talaka.

Yana cikin jagororin jam'iyyar NPC tare da Sardauna. Ya zama ministan ayyuka a 1952, daga baya ministan sufuri, sannan a 1957 ya zama Firayim Minista. Ranar 1 ga Oktoba, 1960, shi ne ya karɓi takardun 'yancin kan Nijeriya a filin sukuwa na Ikko, wanda yanzu ake kira da sunansa. Saboda daɗin muryarsa da iya jawabi, aka yi masa laƙabi da mai muryar zinariya.

A zamaninsa Nijeriya ta tura sojoji Kwango don aikin kiyaye zaman lafiya na Majalisar Ɗinkin Duniya. A 1961 gwamnatinsa ta yanke hulɗa da Faransa saboda gwajin bom na nukiliya da take yi a cikin Sahara, wato hamadar da Umar ya ƙetare a littafin. A 1963 yana cikin shugabannin da suka kafa Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka a Adis Ababa. Sai dai a cikin gida al'amura ba su kwanta ba. An yi rigima a kan ƙidayar jama'a, an yi a kan zaɓen 1964, Jihar Yamma kuma ta rikice bayan zaɓen 1965.

Rasuwarsa

A daren 15 ga Janairu, 1966, cikin watan azumi, wasu hafsoshin soja suka yi yunƙurin juyin mulki. Suka kashe Sardauna a Kaduna, suka kashe Akintola a Ibadan, suka ɗauke Sir Abubakar daga gidansa a Ikko. Bayan 'yan kwanaki aka tsinci gawarsa a gefen hanya a wajen gari. Aka kai shi Bauci aka binne shi, yana da shekara 53. Mutumin da ya rubuta labarin yaron da aka ɗauke daga gida da ƙarfi, shi ma haka aka fitar da shi daga nasa gidan da bakin bindiga.

Abin bai tsaya nan ba. A watan Yuli na wannan shekara aka sake juyin mulki, aka yi kashe-kashe a garuruwa, har da nan Kano. A watan Yuli na 1967 yaƙin basasa ya ɓarke, bai ƙare ba sai ranar 15 ga Janairu, 1970, shekara huɗu cif da ɗauke shi. Mutane masu ɗimbin yawa sun mutu, kuma da yawansu yara ne da yunwa ta kashe.

Yadda littafin ya zama fim

Marubuci ya tafi, littafinsa ya ci gaba da tafiya. A 1967 wani malami Bature, Mervyn Hiskett, ya fassara shi zuwa Ingilishi. Bayan haka Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mai da shi wasan kwaikwayo, aka buga a 1975. A 1976 kuma Adamu Halilu, ɗaya daga cikin 'yan Arewa na farko da suka ƙware a aikin fim, ya shirya fim ɗin Shaihu Umar da Hausa. Umaru Ladan ne ya fito a matsayin Shaihun, kuma tsawon fim ɗin ya wuce awa biyu. Ku lura, wannan ya faru shekara goma sha huɗu kafin Turmin Danya, fim ɗin 1990 da ake cewa da shi aka fara finafinan Hausa na bidiyo a Kano.

Mai da littafi fim ba ƙaramin aiki ba ne. A littafi layi ɗaya ya isa a ce ayari ya ƙetare Sahara. A fim kuwa sai an nemo raƙuma da dawaki da tufafin zamanin da, an kuma sami wurin da ya yi kama da hamada. Amma fim yana da tasa fa'idar: wanda bai iya karatu ba ma zai gani ya gane, kamar yadda kakanninmu suke taruwa kallon majigi a ƙofar fada.

Da tafiya ta yi tafiya sai fim ɗin ya ɓace daga idon jama'a, aka yi shekaru ba a ganinsa. Sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya. Wata cibiya a Jamus mai suna Arsenal ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na birnin Balin a 2018. Da faifan nan sun lalace, da aikin mutane da yawa ya tafi ke nan. A nan Kano ma an bi wannan sawu na mai da littafi fim, misali In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino.

Abin da muka ɗauka

Mu yaran yanzu muna son finafinan yaƙi. Daga Kaura Goje har sauran unguwanni, ana haɗa kai a kan waya ɗaya ana kallon fassarar Indiya ko ta Amurka, jarumi yana harbe mutum ɗari shi kaɗai, ana tafi. Ba mu cika tambayar ina iyayen waɗanda aka harbe ba, ko wa zai riƙe 'ya'yansu. Wannan tambaya ce Malam Abubakar ya aje mana tun shekara sama da casa'in da suka wuce.

Kuma tambayar ba ta tsufa ba. A Disamba 2020 'yan bindiga sun kwashe ɗalibai sama da 300 daga makarantar kwana ta Ƙanƙara a Jihar Katsina, yawancinsu sa'o'inmu ne ko sun ɗan girme mu. Iyayensu mata sun taru a bakin makaranta suna jira, kamar yadda mahaifiyar Umar ta kasa zama. Wanda ya karanta littafin nan ba zai ɗauki irin wannan labari da wasa ba.

Don haka muna kira ga 'yan'uwanmu ɗalibai su nemi Shaihu Umar su karanta. Ƙaramin littafi ne, ana iya gama shi a hutun ƙarshen mako. Muna kuma roƙon malamanmu na Hausa su taimaka mana mu shirya wani yanki nasa a matsayin wasan kwaikwayo ranar bikin ba da kyaututtuka. Wanda Allah ya kai shi Bauci, ya ziyarci kabarin marigayin, akwai ɗakin adana kayan tarihinsa a wurin.

Allah ya jiƙan Alhaji Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya gafarta masa kurakuransa, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, ya mai da duk yaron da aka raba da iyayensa gida. Amin.

Daga Ƙungiyar 'Yan Jarida ta Makaranta, ɓangaren ƙaramar sakandare.