Traudl Junge: sakatariyar Hitila da ta ba da shaida

Har yau a ƙasarmu ana kiran yaƙin duniya na biyu yaƙin Hitila, domin an kwashi samarinmu da dama zuwa fagen fama ƙarƙashin tutar Faransa. Ga labarin wata mace da ta yi aiki a ofishin wanda ya tada yaƙin nan.

An haifi Gertraud Humps, wadda ake kira Traudl, a birnin Munik na Jamus ran 16 ga Maris 1920. A Disamba 1942, tana da shekara 22, aka ɗauke ta aikin buga takardun Hitila da keken rubutu. A 1943 ta auri Hans Junge, hafsa mai yi wa Hitila hidima, wanda aka kashe a Faransa a Agusta 1944.

Da sojojin Rasha suka kewaye Balin, tana cikin waɗanda suka fake tare da Hitila a ɗakunan ƙarƙashin ƙasa. Ita ce ta buga wasiyyarsa ran 29 ga Afrilu 1945. Washegari, sa'ad da ya kashe kansa, tana ba ƴaƴan ministansa Goebbels abinci. Yaran nan shida, kwana ɗaya bayan haka aka kashe su da guba, da yardar iyayensu.

Rashawa suka kama ta, daga baya ta koma gida a 1946. Ba a hukunta ta ba, aka ce yarinya ce mai bin umarni. Ita ma ta daɗe tana lallashin zuciyarta da wannan hanzari. Wata rana a Munik ta ga allon tunawa da Sophie Scholl, ɗalibar da aka fille wa kai a Fabrairu 1943 saboda ta rarraba takardun suka ga mulkin Hitila. Da ta duba shekarar haihuwar, 1921, sai ta ga ashe tsararta ce. Nan ta gane ƙuruciya ba ta wanke mutum.

Ta ba da shaida a fina-finan tarihi tun shekarun 1970, amma mafi nauyi shi ne wanda André Heller da Othmar Schmiderer suka ɗauka da Jamusanci. A ciki ba ta ɓoye cewa maigidanta yana yi mata fara'a kamar uba ba, alhali gwamnatinsa tana halaka Yahudawa miliyan 6. Laifin da ta ɗora wa kanta shi ne ba ta tambaya ba, ga shi kuwa da ta nema da ta sani.

An fara nuna fim ɗin a Balin a Fabrairu 2002. A daidai kwanakin nan ta rasu a asibitin Munik, tana da shekara 81.

Duk ma'aikacin da takardun hukuma ke bi ta hannunsa, ya kamata ya yi tunani a kan rayuwar matar nan. Wanda ya buga takarda, da hannunsa a cikin abin da takardar ta haifar.